Minti 15 ko Minti 24: Rigimar Hutun Rabin Lokaci a Zauren 'Yan Ƙwallo

Na Faris: Assalamu alaikum. Na san 'yan Chelsea na jira na da tsiya, to kafin ku fara ga tawa. Jiya, 13 ga Yulin 2025, a wasan da Chelsea ta ci PSG ɗinmu 3-0, da alƙali ya hura usur aka tafi hutun rabin lokaci na kalli agogon wayata, da aka dawo aka take ƙwallo na sake kallo. Minti 24. Dokar ƙwallo kuwa 15 ta ce. Wato FIFA ta jingine wasan ƙarshe na kofin duniya na kulob-kulob sai mawaƙa sun gama rawa, 'yan wasanmu na zaune jiki ya mutu. Hutun nan haramtacce ne, kuma shi ya hana PSG farkewa. Mai ja ya fito.

Ɗan Chelsea: Wa'alaikumus salam, ya ƙarin haƙuri? 😂 Palmer minti na 22. Palmer minti na 30. João Pedro minti na 43. Duk kafin mawaƙi ko ɗaya ya taɓa makirfo. Gaya mini, mawaƙiya Doja Cat ce ta rufe wa golanku Donnarumma ido?

Na Faris: Ban ce waƙa ce ta ci mu ukun ba. Cewa na yi ta hana mu ramawa. Ƙungiyar da ta ɗura wa Inter 5 a Munich, ta ɗura wa Real Madrid 4 a satin nan, ita ce za ta dawo zagaye na biyu tana tafiya kamar an tashe ta daga barci?

Ɗan Chelsea: An bar jaki ana dukan taiki. João Neves da ya ja gashin Cucurella aka ba shi jan kati, shi ma waƙar ce ta shiga kansa?

Admin: Jama'a a hankali. Magana biyu Na Faris ya ƙulla wuri ɗaya, a warware su. Ta farko, an karya doka ko ba a karya ba? Ta biyu, hutun ya cuci PSG ko bai cuce ta ba? Kawu Rafali, kana kusa? Ta farkon taka ce.

Kawu Rafali: Ina nan, ina karatu ina murmushi. Ɗana Na Faris, a ta farko gaskiyarka ta fi rabi. Doka ta 7 ita ce ta yi magana a kan tsawon wasa, kuma ta ce 'yan wasa suna da haƙƙin hutu a tsakiya wanda ba zai wuce minti 15 ba. Lura da kalmar, ba zai wuce ba. Rufi ne aka yi. Sai dai a ƙasan wannan akwai wata jimla, cewa dole dokokin gasa su bayyana tsawon hutun, kuma ba a sauya shi sai da izinin alƙalin wasa. Ta wannan 'yar kafar ake zurarewa.

Mu da muka yi alƙalanci a filayen unguwa mun san amfanin jimlar. Wasan yamma ne, an makara da farawa, rana ta yi ja, ga magariba na ƙaratowa, fili ba fitila. Sai ka kira kyaftin biyu ka ce minti biyar za mu huta, ku sha ruwa ku juya. Ragewa muke yi da ita. A shekarun da na yi ina riƙe da usur ban taɓa fahimtar cewa ta ba ni ikon in haura rufin ba.

Na Faris: Kun ji ko! Allah ya ƙara girma Kawu.

Kawu Rafali: Tsaya tukuna, kar ka yi saurin rawa. Karya wannan ƙa'ida ba ta soke sakamako. Kofi na Chelsea ne har gobe. Abin da ya fi ci mini rai daban ne. A 2021 hukumar ƙwallon Kudancin Amurka, CONMEBOL, ta nemi IFAB, wato majalisar da ke rubuta dokokin ƙwallo, ta yarda a kai hutun minti 25 don a samu damar yin wasanni irin na Amurkawa. IFAB ba ta amince ba, hujjarta lafiyar 'yan wasa, cewa dogon zama zai iya cutar da su. To su wa ke cikin IFAB? Ingila, Scotland, Wales da Ireland ta Arewa, kowacce ƙuri'a ɗaya, FIFA ita kaɗai ƙuri'a huɗu. Sai da ƙuri'a shida cikin takwas ake canza doka. Wato FIFA na zaune a teburin da aka ce a'a. Shekara huɗu ba ta cika ba ta yi abin da kanta. Mai dokar barci ya ɓuge da gyangyaɗi.

Auta: Kawu da girmanka, amma ai ka ce da izinin alƙali ana iya sauyawa. Ƙila alƙalin wasan, Faghani, ya ba da izini.

Kawu Rafali: Auta, shugaban FIFA Infantino na filin, Trump na filin, an kafa dandamali, an sayar da talla. Wane alƙali ne zai ce ku kashe kiɗa lokacina ya cika? Irin izinin da amarya ke bayarwa ne bayan an gama rabon goro.

Auta: To ni dai ku yi ta lissafin mintuna. 'Yar Najeriya ce ta hau dandamalin nan. Tems! Duniya na kallo. Wannan bai kai minti tara ba?

Mai Gidan Kallo: Bari in shigo nan, don duk cikinku ba wanda minti taran nan ya taɓa aljihunsa sai ni. Ku da ke kallo a falo ba za ku gane ba. Ni hutun rabin lokaci a wurina aiki ne mai tsari, na yi shekaru a kansa. Ana hura usur nake kashe janareta. Ya ɗan huce, yarona ya haska da fitilar waya, in ɗura mai da mazurari, in duba bakin mai. Mutane su fita, wasu gun mai shayi, wasu gun mai tsire, wasu alwala. Minti 12 na cika nake jan igiya, saboda dikoda na buƙatar kamar minti biyu kafin hoto ya dawo. Da mutane sun zauna, 'yan wasa na fitowa daga rami. Ban taɓa kuskure ba, ko agogo ban cika dubawa ba, jikina ya san lokacin.

Jiya na ja igiya a minti na 12, hoto ya kawo, sai ga mutane suna tsalle a can saman 'yan kallo, fili wayam. Na ce to yanzu za su gama. Shiru. In kashe, ban san yaushe za a dawo ba, in aka take ƙwallo ba hoto benci za su jefe ni da shi. In bari, mai na ƙonewa. Ga dattawan layin gaba suna cewa a kashe sauti a juya tasha, ga samarin baya suna ihu wallahi ba a isa ba Tems ce. Ni da na karɓi kuɗin kallon ƙwallo na koma raba faɗa a kan waƙa.

Ɗan Chelsea: 😂😂 Maigida ni ma ina cikin na bayan, a yafe mu.

Mai Gidan Kallo: Na ganka ai. Kai ne ka hau benci.

Malam Na Liman: Ni kuwa in faɗi gaskiya ko da za a ce na goyi bayan kiɗa, alhali ban kalla ba. Ƙarfe takwas aka sa wasan a agogonmu, isha'i kuma ta shigo ana cikin zagaye na farko. Kullum in aka yi irin wannan, jam'in da muke yi a hutu gudu-gudu ne, layin alwala kaɗai ya cinye rabin lokacin, ana sallamewa kowa ya zari takalmi. Jiya muka yi sallah a natse, na yi shafa'i da wutiri, na dawo ban rasa ko bugu ɗaya ba. Da za a tsayar da shi minti 25 a kowane wasan dare, ni ba zan yi ƙara ba.

Mai Gidan Kallo: Malam, in an tsayar da shi an sanar, ni ma ba ni da matsala, sai in ja igiya a minti na 22. Rashin sanin ne ya ci mini mai.

Alhajin Bronx: Salam 'yan uwa, yanzu na tashi, nan asuba ce. Na bi maganganunku duka. Filin nan na MetLife da aka buga wasan jiya yana New Jersey, tsallaken kogi ne daga inda nake, na sha kai fasinja can. Bari in ba ku labarin inda abin ya samo asali, don abin da Maigida ya faɗa shi ne ainihin bambancin.

A nan ƙwallon da suke ji da ita ita ce mai kama da zari-ruga, wasan ƙarshenta shi ne Super Bowl, a watan Fabrairu. Duk shekara in ranar ta zo tambaya ɗaya fasinjoji ke yi, musamman waɗanda ba ruwansu da wasan, waƙar kaɗai suke so: ƙarfe nawa za a fara waƙa? Kuma ba mai iya ba ka amsa daidai. Ana fara wasa wajen 6:30 na yamma agogon New York, wato 12:30 na dare a Najeriya. Wasan kashi huɗu ne, kowanne minti 15, amma agogonsu tsayawa yake yi. An jefa ƙwallo ba a cafe ba, ya tsaya. Koci ya nemi a dakata, ya tsaya. An ci maki, a tafi talla. Minti 30 na rabin farko sai ya ci awa ɗaya da rabi. Shi ya sa sai dai a ce maka wajen ƙarfe takwas, ko takwas da rabi, wajen biyun dare kenan a wurinku. Mutanen nan sun saba da wasan da ba shi da alƙawarin lokaci. Mu kuwa tamu minti 45 ce da ɗan ƙari, kana iya ɗora tukunya a kanta.

Auta: Alhaji su nasu hutun minti nawa ne?

Alhajin Bronx: A wasannin mako-mako minti 13, bai ma kai namu ba. Ranar Super Bowl ne kaɗai yake kai kusan rabin awa. Waƙar kanta ba ta wuce minti 12 zuwa 15. Sauran lokacin na kafa dandamali ne da kwashe shi. Gunduwa-gunduwa ake turo shi a kan tayoyi, ɗaruruwan mutane a guje, su haɗa cikin 'yan mintuna, a gama su sake wargazawa.

Kuma da can ba haka abin yake ba, 'yan badujalar jami'o'i ne ke zagaya fili. A 1992 tashar Fox ta saka wani shirin barkwanci daidai lokacin hutun, miliyoyin mutane suka juya can suka bar tashar da ke nuna wasan. Hukumar NFL mai shirya wasan ta ga an yi mata sakiyar da ba ruwa, shekarar da ta biyo baya, 1993, ta ɗauko Michael Jackson a filin Rose Bowl. Ya fito ya tsaya ƙiƙam fiye da minti ɗaya bai ce uffan ba, mutane na ihu. A ranar masu kallo ƙaruwa suka yi a lokacin hutu maimakon raguwa. Daga nan aka gane hutun ma kasuwa ne. A 2025 tallar daƙiƙa 30 ta kai dala miliyan 8. Mawaƙin kuma ba a biyansa kuɗin waƙa, kuɗin shirya wasan kawai ake ɗauka, shi ribarsa sunan da zai ƙara.

Kawu Rafali: Ruwa ba ya tsami banza. Ka ga abin da Infantino ya hango kenan.

Na Faris: Alhaji na gode, amma duk wannan ya ƙara mini ƙarfi ne. Wasansu daban namu daban. Su ɗan wasa ya yi gudun daƙiƙa biyar ya tsaya, masu kai hari daban masu tsaro daban, canji ba iyaka. Zaman rabin awa ba baƙon abu ba ne a jikinsu. Namu mutum ya yi minti 45 yana gudu ba tsayawa, ka zaunar da shi minti 24, ka ce tashi ka ci gaba. Canji biyar kacal. Anti Fisiyo, ki faɗa musu.

Anti Fisiyo: Na Faris kana kirana ne don in tsaya maka, to rabi zan tsaya maka. Gaskiya ne tsoka tana hucewa in an zauna. Ko a hutun minti 15 ɗin ma haka ne, shi ya sa za ka ga 'yan wasa na ɗan gudu da tsalle a bakin fili kafin a koma, kuma shi ya sa mintunan farko na zagaye na biyu sukan yi sanyi. Tsokar bayan cinya ita ce ta fi ba mu tsoro, mutum ya tashi daga zama ya fizgi gudu lokaci guda. In zaman ya yi tsawo ba a sake motsa jini ba, haɗarin na ƙaruwa.

Amma ka tuna ƙarfe uku na rana aka buga wasan a can, a tsakiyar Yuli. Duk gasar nan kuka da zafi ake ta yi, har hutun shan ruwa ake bayarwa a kowane zagaye. Jikin da ya ɗauki zafi irin wannan minti 15 ba ya isarsa ya sauko. Ƙungiyar 'yan wasa ta duniya, FIFPRO, ita da kanta ta kawo shawarar a duba yiwuwar kai hutu minti 20 in zafi ya tsananta. Don haka lambar 15 ba aya ba ce. Ni abin da nake tambaya biyu ne: an gaya wa masu kula da 'yan wasa tun da wuri minti nawa za a yi, don su tsara lokacin zama da lokacin tashi? Sannan fili a buɗe yake su fito su motsa?

Ɗan Chelsea: Jiya a buɗe yake. A saman kujerun 'yan kallo aka kafa dandamalin, ba a taka ciyawa ba.

Anti Fisiyo: To ka gani. Wannan ya fi na Miami sauƙi nesa ba kusa ba.

Auta: Me ya faru a Miami?

Ɗan Chelsea: Kana barci lokacin. Wasan ƙarshe na Copa America, Argentina da Colombia, 14 ga Yulin 2024. Mu da muka gama kallon Sifaniya ta doke Ingila 2-1 a Berlin muka ce bari mu haɗa biyu a dare ɗaya. Ƙarfe ɗayan dare ya kamata a fara, mutane marasa tikiti suka fasa ƙofofi, ba a take ba sai bayan biyu. Aka zo hutu kuma Shakira ta fito a tsakiyar fili, aka yi wajen minti 25. Ga ƙarin lokaci, don sai minti na 112 Lautaro Martínez ya ci. Daga gidan kallo masallaci muka wuce.

Kawu Rafali: Kuma abin kunyar da ke cikin wannan, a gasar ce aka dakatar da koci Scaloni wasa ɗaya saboda Argentina ta makara fitowa daga hutu. Haka aka yi wa Gareca na Chile, haka aka yi wa Bielsa na Uruguay. 'Yan mintuna suka ƙara aka hukunta su. Kocin Colombia, Néstor Lorenzo, ya fito kafin wasan ya nuna bai gane wannan lissafi ba, a ci tarar mutane a kan ɗan jinkiri sannan masu gasa su ƙara minti goma don biki. Kura da shan bugu, gardi da karɓar kuɗi.

Na Faris: Kuma a wasan ne Messi ya fita yana kuka a zagaye na biyu, idon sawu ya kumbura. Bayan dogon hutu. Ku ce mini wannan ma haɗuwa ce kawai.

Anti Fisiyo: A'a, kar ka ɗora mini wannan. Tun a zagaye na farko aka taka shi a ƙafar, kowa ya gani yana birgima a bakin layi. Idon sawun da ya riga ya bugu ba ruwansa da Shakira. In kana neman hujja nemi mai ƙarfi.

Alhajin Bronx: Na Faris, bari in ba ka wani abu da zai ɗan dagula maka lissafi. Kai kana cewa dogon hutu ya cuci wanda ake ci. A nan akasin haka mutane ke faɗa. A 2013 a New Orleans, Beyoncé ta gama waƙa, aka dawo, Baltimore Ravens suka kai 28 da 6 a kan San Francisco 49ers. Sai wuta ta ɗauke a filin. Minti 34 ana zaune.

Mai Gidan Kallo: Tsaya Alhaji. NEPA ta ɗauke wuta a Amurka? A wasan ƙarshe? Allahu akbar. Daga yau duk wanda ya zage ni don janareta ya mutu zan ba shi wannan labarin.

Alhajin Bronx: 😂 Wallahi rabin fili duhu. Da wuta ta dawo, 49ers da ake ta lallasawa suka ci maki 17 a jere, da ƙyar Ravens suka sha 34 da 31. Har yau magoya bayan Baltimore cewa suke dogon zaman ne ya kusa cinye su. A 2017 kuma New England Patriots sun tafi hutu ana cin su 21 da 3, Lady Gaga ta yi waƙarta, aka dawo har ta kai 28 da 3, suka farke suka ɗauki kofi. Wanda ke kan ganiya shi tsayawa ke cuta. Wanda ake duka kuwa numfashi ya samu.

Ɗan Chelsea: Alhaji Allah ya kai ka Makka sau goma. Wato mu ya kamata mu yi ƙorafi! Mu ne jininmu ke tafasa aka zaunar da mu. Da an dawo a minti 15 ƙila biyar za mu yi musu. Kocin PSG Luis Enrique ya samu kyautar minti tara ya gyara tsaronsa, abin da ya iya kawai shi ne ya jira a tashi ya je ya ture João Pedro.

Na Faris: Wasan zari-ruga ba hujja ba ne a ƙwallon ƙafa.

Admin: Ɗazu kai ka ce bayanin Alhaji ya ƙara maka ƙarfi.

Na Faris: Wancan ɓangaren.

Kawu Rafali: To bari in ba ka na ƙwallon ƙafa, ɗana. Istanbul, 2005. AC Milan ta tafi hutu da 3-0 a kan Liverpool, daidai irin ramin da kuka faɗa jiya. Kocin Liverpool Benítez minti 15 ya samu, ya sako Hamann ya toshe tsakiya. Gerrard a 54, Smicer a 56, Alonso a 60. Wanda zai farke, 15 ta ishe shi, 24 ma ba za ta hana shi ba. Ku jiya ko awa aka ba ku golan Chelsea Sánchez ba zai bari ba, yaron ya kama ƙwallaye.

Na Faris: Shi kenan. Ta biyun na sassauta, ban janye ba, na sassauta. Amma ta farko ina nan daram. Doka ta ce 15, an yi 24, ba wanda aka hukunta. Kuma ku sani gwaji ne aka yi da mu. Tun watan Maris na 2025 Infantino ya sanar cewa wasan ƙarshe na kofin duniya, 19 ga Yulin 2026, a wannan filin dai, za a yi waƙa a hutun rabin lokaci, karo na farko a tarihin gasar. Ƙungiyar Global Citizen ce ke shiryawa, mutanen ƙungiyar kiɗa ta Coldplay ke taya zaɓen mawaƙa, su ɗin da suka ɓullo jiya. Ranar da abin zai faɗa kan ƙasar da kuke so, zan ga bakinku.

Auta: Yaya, in kiɗa ya canza rawa ma canzawa take. Da can canji uku ne yanzu biyar. Da can ba VAR. Kowanne sai da aka yi irin wannan kukan.

Kawu Rafali: Kowanne kuma sai da ya bi ta teburin IFAB aka rubuta shi, Auta. Ni ban ƙi a canza ba. A kawo shi a fili, a nemi ƙuri'a shida, a rubuta cewa wasan ƙarshe hutunsa kaza ne. Sai koci ya sani, Anti ta sani, Maigida ya san lokacin jan igiyarsa. Abin da ba zan yarda da shi ba, littafi na faɗin abu ɗaya masu littafin na yin wani, sannan gobe a ce wa ƙaramin alƙali a Gusau ko Maraɗi ya bi doka sau da ƙafa.

Kuma in waƙar ce dole, ai akwai inda ake ajiye ta ba ta tare wa kowa hanya. Turawa kafin wasa suke yi. Burna Boy ya yi a Istanbul a 2023 kafin Manchester City da Inter, shi ma ɗan Najeriya ne, duniya ta gani, ba wanda ya taɓa minti 15 ɗin kowa.

Alhajin Bronx: Kawu, kafin wasa mai kallo bai zauna ba tukuna, bayan wasa ya tashi. A tsakiya ne kaɗai yake a ɗaure, ba inda za shi don bai ga ƙarshe ba. Masu talla wannan suke saye. Ba za su mayar da ita farko ba.

Malam Na Liman: To in a tsakiyar za ta zauna, a taimaka a sanar da tsawonta. Wasan baɗi ma ƙarfe takwas ne a wurinmu in ba su canza ba, isha'i na nan inda take.

Na Faris: Ni na ce ranar sai sun haura minti 25. Wanda ya ce ba haka ba mu ƙulla.

Ɗan Chelsea: Na ce ba za su kai 25 ba. Wanda ya faɗi ya sayi tsire na duk wanda ya yi magana a zauren nan yau.

Malam Na Liman: Wannan caca ce, ku sake mata fasali. Kowa ya faɗi nasa, tsire kuma Ɗan Chelsea ya saya tun yanzu, shi aka yi wa kofi.

Ɗan Chelsea: Malam wannan wace irin fatawa ce 😭

Admin: An karɓa. Agogo a hannun Kawu Rafali, daga usur zuwa usur.

Anti Fisiyo: Nawa a sa yaji a gefe.

Mai Gidan Kallo: Ni kuma ina sanar da ku tun yau, ranar 19 ga Yuli kuɗin shiga ya ƙaru da naira ɗari, na man mawaƙa. Mai son sauti ya zauna a baya. Ɗan Chelsea, ƙafar bencin da ka hau jiya ta karye, ka biyo da kafinta kafin la'asar.